Baƙuwar Tasha: Inda Aikin Littafin Ya Kwana

Asabar, 9 ga Nuwamba, 2024

Yau na rufe babi na uku. Tun hutun damina nake fama da littafin nan, sai yanzu na ga ya kamata in riƙa rubuta inda na kwana, don sau da yawa nakan canja abu, bayan wata guda in manta dalilin canjin, in koma in maido shi yadda yake.

Ga labarin a dunƙule. Malam Madori, shekarar 1966. Wani akawun reluwe, Ibo, yana zaune a kwatas ɗin tasha da matarsa da 'ya'ya uku. Da ƙasa ta rikice a watannin Satumba da Oktoba, suka bi jirgi da dare. 'Yar autarsu mai shekara bakwai tana kwance da ƙyanda, ba ta iya tafiya, sai suka bar ta amana a gidan maƙwabcinsu, wani mai awon gyaɗa, da niyyar mako biyu su aiko a ɗauke ta. Mako biyun nan shi ya zama shekara uku da watanni, don yaƙin basasa ya ɓarke a Yulin 1967, bai ƙare ba sai Janairun 1970.

Garin namu layin dogo ne ya raya shi. Layin da ya taso daga Kano ya ratsa Ringim da Gagarawa, ya bi ta nan da Birniwa, ya isa Nguru a 1930, gyaɗa kuwa ta janyo Kwarori da Yarabawa da Ibo da Nufawa. Duk wanda ya haura saba'in a garin nan yana da labarin wani baƙo da suka yi zaman mutunci da shi. Ni dai ban taɓa cin karo da labarin nan a littafin Hausa ba, shi ya sa na ɗauki biro.

Asabar, 23 ga Nuwamba

Na kai wa Baba babi na ɗaya. Tsohon ɗan dako ne a tasha, ya haura tamanin, idonsa ya yi rauni amma kunnensa garau. Muka zauna gindin darbejiya, ina karantawa yana gyaɗa kai, har na iso inda mai awo ya miƙa wa manomi naira biyu. Sai ya ɗaga hannu.

"Malam, wace naira kuma? A zamanin Sardauna?"

Gaskiyarsa. Naira sai Janairun 1973 ta shigo. Ya zauna ya jero mini kuɗin lokacin: anini, ɗari, kwabo, taro kwabo uku, sisi kwabo shida, sule kwabo goma sha biyu, sule ashirin kuma fam guda. Ya kwatanta mini yadda ake ɗora buhu a sikeli, akawu yana duba awo yana rubutawa, 'yan dako suna jira da gammo a hannu, ƙurar ɓawon gyaɗa ta mai da girar kowa fari. Ya ce in jirgi ya yi ƙugi daga nesa, har mata masu tallan ƙosai sun san tarago nawa za a cika a ranar. Wannan zaman kaɗai ya ba ni shafi shida.

Da na tambaye shi abin da ya gani a 1966, sai ya yi shiru, ya daɗe yana murza carbi. Can ya ce shi a Kano abin ya same shi, kuma abin da idonsa ya gani a tashar Kano ran 1 ga Oktoba ba zai faɗa ba har ya koma ga Allah. Abu ɗaya ya yarda ya ba ni: "Wani ya ɓoye mutum a rumbunsa, wani ya nuna rumbun. Masallaci ɗaya suke salla."

Ban ƙara matsa masa ba. Na dawo gida na soke shafi huɗu da na rubuta, inda na sa mutanen garin duk suka zama na kirki, masu ɓarna kuma baƙi ne da aka kawo a mota. Na rubuta haka ne don in wanke namu. Laifi tudu ne.

Lahadi, 8 ga Disamba

Maiɗakina ta karanta babi na biyu tana ta dariya. Da farko na ji daɗi. Sai ta ce, "Malam, wannan akawun naka irin na wasan kwaikwayo ne. Ka ce shekara goma sha biyar yana garin nan, amma har yanzu yana ce wa mace 'kai', yana ce wa namiji 'ke'? To ranar da zai bar 'yarsa, ya zan yi in yi masa kuka, bayan ka saba mini da yi masa dariya?"

Na rasa amsa. Na kwana da maganar.

Asabar, 14 ga Disamba

Na je Haɗejiya gyaran babur, na kuma yi abin da ya kamata in yi tun kafin in rubuta layi ɗaya. Akwai wani Ibo mai shagon kayan babur da na fi shekara goma ina ciniki a wurinsa, ban taɓa tambayarsa komai ba sai farashin taya da fulogi. Yau na zauna a kan bencinsa na karanta masa shafi biyu.

Ya saurara har ƙarshe, sannan ya ce, da Hausar da ta fi ta wasu ɗalibaina tsabta, "Malam, babana ba haka yake magana ba. In yana ciniki da karin magana yake yi." A Sabon Garin Kano aka haife shi bayan yaƙi, mahaifinsa na cikin waɗanda suka dawo, ya kuma tarar maƙwabcinsa ya riƙe masa gida, har da kuɗin hayar da ya tara ya damƙa masa.

Muka zo kan kalmar Inyamuri, wadda na zuba ko'ina a littafin ban ko lura ba. Ya ce shi ba ya fushi in tsoho ya kira shi da ita, amma ba ya son ganinta a rubuce. An ce daga "nye m mmiri" ta fito, wato "ba ni ruwa". Ya ce, "Ka duba, mutum ya zo da ƙishirwa ya roƙi ruwa, roƙon ya zama sunansa da na jikokinsa." Ban taɓa jin kalmar ta wannan fuska ba. Ga shawarar da na yanke: mutanen cikin labari za su faɗe ta, domin a 1966 haka ake faɗa, in na cire ta daga bakinsu na yi wa tarihi ƙarya. Amma mai ba da labari, wato ni, Ibo zai ce daga farko har ƙarshe.

A hanyar dawowa na yi ta tunanin yadda harshenmu da kansa yake ɗauke da hukunci. In yaro bai iya magana ba mu ce yana gwaranci, alhali Gwari mutane ne masu harshensu cikakke. Wanda Hausarsa ba ta nuna ba mu ce baubawa ne. Shekara goma sha huɗu ina koyar da Hausa a aji, ina son harshen nan kamar raina, amma marubucin da zai sa baƙo a littafi dole ya san cewa kalmomin da ya gada sun riga shi yanke wa baƙon hukunci.

Ya ba ni kyauta biyu kafin in tashi. Sunan yarinyar da na zaɓa, Ngozi, ya ce ma'anarsa albarka. Nan take na san sunan da matan gidan za su sa mata: Baraka. Ta biyu ita ce kalmar biko. A harshensu "don Allah" take nufi. Na riga na hango wurin: daren farko, yarinya cikin zafin ƙyanda tana kiran uwarta tana cewa biko, biko, amaryar gidan ta fashe da dariya ta ce wa ya yi yaji da za a yi bikonsa, uwargida kuma ta daka mata tsawa, ta ɗauki yarinyar ta ɗora a cinya. Ita ma uwargidan ba ta san ma'anar kalmar ba. Ta dai san muryar yaro mai roƙo.

Alhamis, 26 ga Disamba

Kasuwar Maigatari. Na je ne saboda Bafulatanar da ke kawo nono gidan mai awo, wadda nake so ta zama ƙawar Baraka, tunda su biyun ne a tsakar gidan nan Hausa ba harshen uwarsu ba ce. Sanyi ya yi tsanani, hazo ya rufe kara, ba ka ganin ƙahon shanu sai ka zo dab. Na tsaya kusa da wani dillali ina jin Hausa da Fulatanci da Barbarci da harshen Buzaye duk a kan cinikin bijimi ɗaya, mutanen Nijar da namu, ga masu saye daga kudu suna jiran a loda a tirela.

Abin da na fi tsinta shi ne wasa. Wani Babarbare da wani Bafulatani suka yi ta jifan juna da baƙar magana, kowa na cewa ɗan'uwansa bawansa ne, wanda bai sani ba sai ya ce yanzu za a zare sanda. Aka gama ciniki suka raba goro. Haka yake tsakanin Kanawa da Zazzagawa, da Gobirawa da Yarabawa, da Katsinawa da Nufawa, da Fulani da Tibi. Kakanninmu sun gano hanyar da za a faɗi bambanci a fili, a yi masa dariya, a zauna lafiya. Sai na lura Ibo ba shi da abokin wasa a cikinmu. Zuwansa na zamanin jirgi ne, bai daɗe ba har wasa ya ƙullu. Wannan zai shiga babi na biyar: Baraka tana kallon yara suna tsokanar Bafulatana, Bafulatana tana ramawa ana shewa, ita kuwa in aka tsokane ta ba ta da abin ramawa, kuma ba wanda ke shewa.

Asabar, 11 ga Janairu, 2025

Na je ƙauye gaida Gwaggo, na tarar tana ɓarzar gero. Niyyata in tambaye ta yadda ake jinyar ƙyanda a da, da abin da ake hana yaro ci. Ta faɗa mini, na rubuta. Da na ba ta labarin littafin sai ta ajiye dutsen niƙa ta kalle ni.

"Kai ɗan nan, har sai ka je Anaca neman baƙuwa? Ita Iya da ta haifi ubanku fa?"

Na san kakata tana da tsage dogaye a fuska, na ɗauka ado ne irin na mutanen da. Ashe 'yar Mangawa ce daga wajen Birniwa, an kawo ta gidan miji tana da shekara goma sha uku ba ta jin Hausa sai ta gaisuwa. Gwaggo ta ce kishiyoyi sun yi shekara suna kwaikwayon maganarta, har ta daina magana a tsakar gida sai dole. In tana daka ita kaɗai takan yi waƙa da harshensu a hankali, da ta ji motsi sai ta yi shiru. Ba ta koya wa ko ɗaya cikin 'ya'yanta ba. Gwaggo ta riƙe kalma ɗaya tak, wushe, wato sannu, ita ma don Iya takan faɗa wa akuyarta ce.

Na zauna a kan turmi na kasa cewa komai. Ni da nake rubuta Bahaushe a duk takardar da aka tambaye ni ƙabila. Kuma Bahaushen ne, ban fasa ba. Amma ƙasar Haɗejiya haka take: Mangawa ta arewa, Badawa ta wajen Guri suna su a fadama, Fulani ko'ina, ga Auyo can, tsohon gari mai tarihi, wanda harshen mutanensa na asali ya mutu sam, Hausa ta maye gurbinsa. Hausa babbar riga ce, kowa ya shiga ta ɗauke shi, shi ya sa ta yaɗu. Sai dai akwai abin da ake tuɓewa kafin a sa ta, kuma Iya ta tuɓe nata a gaban kishiyoyi ba wanda ya tambaye ta ko da ciwo.

Waƙar dakan nan na ba wa Baraka. Babi na shida ya fito cikin kwana huɗu, bai taɓa zuwa mini da sauƙi haka ba.

Lahadi, 16 ga Fabrairu

Wayata ta faɗa a randa, babi na bakwai ya tafi da ita. Na sake rubuta shi a littafin 'yan makaranta, ya fito gajere kuma ya fi na farko. Daga yau sai na rubuta da hannu sannan in buga. Babi bakwai ke nan cikin goma sha biyu.

Juma'a, 14 ga Maris

Azumi na goma sha huɗu. Bayan asuba nake rubutu, kafin rana ta yi zafi.

Na iso wurin da na daɗe ina kewayewa, wato addini. Na san abin da mai karatu ya saba da shi: baƙuwa ta ga kyawun halin mutanen gida, ta musulunta, a yi walima, littafi ya ƙare da farin ciki. Ni Musulmi ne, ina yi wa kowa fatan shiriya. Amma wannan yarinya ce 'yar shekara bakwai da ubanta ya damƙa wa maƙwabci amana, yana kuka. Ba ta zaɓi komai ba. In na mai da ita ganima, na ci amanar da shi kansa mai awon bai ci ba.

Ga yadda na bi da shi. Ba wanda ya kira ta ya ce ta karɓi kalma. Yaran gida suna tafiya makarantar allo da safe, ita kaɗai ake bari da awaki, ran nan sai ta ɗauki allon wani ta bi su. Mai awo ya gan ta ta wuce ta zaure, ya buɗe baki ya rufe. Da dare ya je wajen liman ya tambaye shi hukuncin amana irin wannan, hirarsu ta ci shafi biyar, ita ce kuma na fi alfahari da ita a littafin zuwa yanzu. Akwai ɗan carbi mai gicciye da aka samu a wuyanta daren da aka kawo ta. Amarya ta ce a jefa a masai. Shi kuwa ya naɗe shi a ƙyalle tare da agogon da uban ya bari, ya sa a gwangwani, ya soke a azarar ɗakinsa. Duk shekara in za a yi yaɓe sai ya sauko da gwangwanin ya busa ƙura ya mayar. Kayan mutane ne, in ji shi, sai mai shi ya zo.

Wani abokina malamin Islamiyya ya karanta ya ce wasu za su yi surutu. Na tambaye shi ko akwai abin da ya saɓa wa shari'a a abin da mai awo ya yi. Ya yi tunani ya ce babu, hasali ma abin da ya kamata ke nan. Na bar shi yadda yake.

Asabar, 12 ga Afrilu

Bayan salla na karanta wa wasu tsofaffin ɗalibaina su takwas babi na biyar da na shida. Ba ko ɗaya a cikinsu da ya san an yi juyin mulki ran 15 ga Janairun 1966, sun dai san an kashe Sardauna da Tafawa Ɓalewa. Ba su san dokar da shugaban mulkin soja Ironsi ya yi a watan Mayu ta soke tsarin yankuna ba, wadda ta jawo zanga-zangar araba, ba su san juyin mulki na biyu na ran 29 ga Yuli ba. Dole in saka wannan a littafin ba tare da na mai da shi darasin tarihi ba. Akwai rediyo a shagon tela kusa da tasha, maza na taruwa da yamma, ta nan labarin zai riƙa shigowa gutsure-gutsure, yadda ya shigo wa mutanen lokacin.

Wata ɗaliba, Bafulatana, ta gyara mini abu. Na sa mai nono tana zuba wa Baraka nono kyauta kullum. Ta ce ba a yin haka, nonon na saye ne, abin da za ta yi shi ne ta ƙara mata rabin ludayi bayan an gama awo, ta yi kamar ba ta yi ba. Na gyara. Wurin ya fi taɓa zuciya yanzu.

Lahadi, 18 ga Mayu

Mako uku ban rubuta komai ba. Babi na goma sha ɗaya ya tsaya cik. Yaƙi ya ƙare, uban ya dawo neman 'yarsa, na zaunar da shi a zaure da mai awo, an kawo fura, an sauko da gwangwani. Sau huɗu na rubuta, duk sau huɗun maza biyu ne masu mutunci suna yi wa juna godiya, yarinyar kuma tana tsaye kamar buhun da za a ɗora a sikeli.

Asabar, 14 ga Yuni

Na koma Haɗejiya na faɗa wa mai shago inda na maƙale. Bai ce komai ba, ya ɗauki waya ya kira mahaifiyarsa can gida wajen Anaca, ya yi mata bayani da harshensu, ya miƙo mini. Tsohuwa ce tukuf, muryarta na rawa, amma da na ce "Mama, ina wuni," sai ta amsa da "Lafiya lau, ɗana, ina gajiya," Hausar Kano tsaf.

Mun yi kusan rabin awa. Ta ba ni labarin tafiyarsu a 1966, jirgi cike har bisa rufi, ta Kaduna da Kafanchan da Makurɗi zuwa Inugu. Ta ce a cikin yaƙin abin da ya fi ƙaranci gishiri ne, kuma akwai daren da ta yi mafarkin miyar kuka da daddawa, ita da a Kano ba ta ko son warinta. Da na karanta mata yadda uban ya dawo shi kaɗai, sai ta katse ni.

"A'a. Uwar tana raye? To ita za ta zo. Ko da ƙafa ne."

Daren jiya na fara babin daga farko. Uban na zaure da mai awo, su ƙarata da godiyarsu. Uwar ta wuce kai tsaye cikin gida ba sallama, a rame, zaninta ya koɗe. Baraka tana bakin murhu tana tuƙa tuwo, shekararta goma sha ɗaya, da lalle a ƙafa. Uwar ta kira ta da sunanta na farko, ta yi mata magana mai tsawo da harshensu. Yarinyar ta saki muciya, ta ja da baya ta shige bayan uwargida ta riƙe gefen zaninta, don ba ta gane komai ba. Sai uwar ta durƙusa a tsakar gida ta faɗi kalma ɗaya, wadda yanzu duk matan gidan sun san ma'anarta, har amarya.

A nan na tsaya, ƙarfe biyu na dare. Saura babi ɗaya da rabi, kuma har yanzu Baraka ba ta faɗa mini ko za ta hau jirgin ba. An yi ruwa mai yawa da asuba, gobe da sassafe za mu fita shukar gero, rubutu sai ranar Laraba in Allah ya kai mu.